Idan Notre Dame na Gida, Murɗa NBC Kawai

Duk mai bin zari-rugar jami'o'in Amurka ya san wahalar da ake sha tun kafin a busa usur: a wace tasha za a nuna wasan yau? Jami'o'i sama da 130 ne a babban mataki, kowace Asabar daga ƙarshen Agusta zuwa ƙarshen Nuwamba filaye a cike suke, haƙƙin nuna wasannin kuma an yayyaga shi tsakanin ABC, ESPN, Fox, CBS, NBC da ƙananan tashoshi barkatai. Dubi mai goyon bayan Michigan ko Ohio State. Tun da rukunin Big Ten ya shiga sabuwar yarjejeniyarsa a 2023, wannan makon bawan Allah yana Fox da tsakar rana, mako mai zuwa yana CBS da la'asar, na gaba yana NBC da dare, wani lokacin a tura shi Big Ten Network. Rimot a hannu, yana ta lalube, ana can ana cin maki.

Mu 'yan Notre Dame, Allah ya hutar da mu rabin wannan wahala. Ƙa'idarmu ɗaya ce, ko yaron goye zai riƙe ta: idan wasan a gida ne, a South Bend ta jihar Indiyana, to na NBC ne. Haka abin yake tun 1991, kuma an tsawaita yarjejeniyar har 2029. Jami'a ɗaya tal, ita kaɗai da babbar tasha mai kaiwa ko'ina a ƙasar, sama da shekara talatin! Babu wata jami'a a Amurka da ta taɓa samun irin wannan gata. Daɗin daɗawa, NBC tasha ce da ake kamawa kyauta. Ka sayi 'yar eriya mai araha, ka manna ta jikin taga, shi ke nan. A South Bend tashar WNDU ce mai lamba 16, wadda jami'ar da kanta ta kafa a 1955 kafin daga baya ta sayar. A Shikago lamba 5 ce.

Yadda aka yi har aka kai nan ma labari ne mai daɗi. Da can hukumar NCAA ce ke riƙe da wuƙa da nama, ita ke yanke wasa nawa za a nuna da kuma sau nawa jami'a za ta fito a talabijin. A 1984 Kotun Ƙolin Amurka ta rusa wannan iko a ƙarar da jami'o'in Oklahoma da Georgia suka shigar. Manyan jami'o'i suka haɗa kai suna sayar da wasanninsu a dunƙule, Notre Dame na cikinsu. Kwatsam a Fabrairun 1990 ta zame jiki, ta ƙulla nata cinikin da NBC na shekara biyar a kan kusan dala miliyan 38. Aka yi ta Allah wadai, ana cewa haɗama ce, ana cewa cin amana ne. To, a yi ta faɗa. Wannan cinikin ne ya ba ta damar ci gaba da zaman kanta ba tare da ta shiga wani rukuni ba, kuma kaso mai tsoka na kuɗin ya tafi asusun tallafin karatun ɗalibai. Waɗanda suka fi kowa zagi a lokacin, yau su ne ke tsalle daga wannan rukuni zuwa wancan suna bin kuɗin talabijin.

Amma ba don tarihi nake kallo ba. Ina kallo ne don abin da ke bayyana a allo da ƙarfe uku da rabi na yamma agogon gabashin Amurka. Kyamara ta taso ta saman ƙubbar zinaren nan ta babban ginin jami'a, ta wuce makeken zanen da ke jikin ɗakin karatu na Hesburgh, ta sauko cikin fili mai ɗaukar mutum 77,622, ga 'yan badujala suna ta busa taken jami'a. Sai 'yan wasa su ɓullo ta rami sanye da hulunan kwano masu ruwan zinare, kuma ba kwaikwayo ba ne, akwai ainihin garin zinare a cikin fentin. Idan ranar Oktoba ta karkata ta daki hulunan nan, wallahi sai ka ji tsigar jikinka ta tashi. Ma'aikatan NBC sun san filin kamar tafin hannunsu. Sun san inda inuwa ke faɗuwa bayan hutun rabin lokaci, sun san kusurwar da ɗalibai ke ɗaga abokinsu sama suna cilla shi sau adadin makin da aka ci. Baƙuwar tasha da ta zo sau ɗaya a shekara ba za ta taɓa kama waɗannan ba.

Masu adawa suna cewa tashar gida ce, sai abin da ya yi wa Notre Dame daɗi take nunawa. Su je su sake kallon wasan 7 ga Satumba 2024. Northern Illinois, ƙaramar jami'ar da aka biya dala miliyan 1.4 don ta zo ta sha kashi, ita ta doke mu da ci 16 da 14 a gidanmu. Bugunmu na ƙarshe na neman maki uku daga yadi 62, suka tare shi da hannu. NBC ba ta kau da kai ba. Ta tsaya a kan fuskokin magoya bayanmu da suka yi cirko-cirko, hannu a ka, sannan ta kai makirfo gaban kocin Northern Illinois, Thomas Hammock, yana magana hawaye na zuba. Na ji zafin ranar nan ƙwarai, amma aikin jarida ya yi kyau, ba ni da ta cewa.

Rabin wahalar da ya rage shi ne wasannin waje, kuma nan ma akwai ƙa'ida: mai masaukin baƙi ke da haƙƙin nunawa. Kakar 2024 kaɗai ta isa misali. An buɗe da Texas A&M a gidansu, 'yan rukunin SEC ne, don haka ABC ta nuna, muka ci 23 da 13. Purdue 'yan Big Ten ne, CBS ta ɗauka, muka yi musu ruwan maki 66 da 7. Georgia Tech a Atlanta, ESPN, domin wasannin rukunin ACC, wanda Notre Dame ke karawa da kusan biyar daga cikinsa kowace shekara, na gidan ESPN da ABC ne. Army a filin Yankee na New York kuwa NBC ce, saboda a takarda mu ne masu gida. Sai USC a Los Angeles a ƙarshen Nuwamba, aka koma CBS, inda ɗan wasanmu Christian Gray ya cafke ƙwallon da suka jefa ya sheƙa yadi 99, jim kaɗan Xavier Watts ya maimaita da yadi 100. Na tashi tsaye a na farko, na biyu ya same ni ban zauna ba.

Akwai ɗan tsakuwa a cikin shinkafar, dole a faɗa. Tun 11 ga Satumba 2021, ranar da aka ɓoye wasan Toledo a manhajar Peacock ta NBC, wasan gida ɗaya a shekara yana zuwa can kaɗai, eriya ba ta kama shi. A 2024 wasan Louisville ne, wanda muka sha da ƙyar 31 da 24. Dattawan da suka saba da murɗa tasha sun yi ta mita, kuma da gaskiyarsu. Dabarar dai ita ce ka duba jadawali tun farkon kaka, ka biya kuɗin wata guda na watan da wasan ya faɗo, ka soke bayan an tashi.

Wasannin sili-ɗaya-ƙwale na neman kofin ƙasa kuma na ESPN ne, ko da a South Bend aka buga. Shi ya sa a daren Juma'a 20 ga Disamba 2024, karon farko da aka buga irin wannan wasa a harabar wata jami'a, ABC da ESPN ne suka nuna ɗan wasanmu Jeremiyah Love yana tsinkewa da gudu yadi 98 cikin sanyi mai ratsa ƙashi, 'yan jami'ar Indiana na bin ƙurarsa. Muka ci 27 da 17. Muka wuce Georgia 23 da 10, muka wuce Penn State 27 da 24, ƙungiyar da aka gama yi wa dariya a Satumba ta jera nasara 13 a hannun koci Marcus Freeman. A wasan ƙarshe ranar 20 ga Janairu 2025, Riley Leonard ya ja tawagarmu kusan minti goma a farmakin farko, yana kutsawa da ƙirjinsa har ya dire ƙwallo a gidan Ohio State. Daga baya suka fi ƙarfinmu, 34 da 23. Rabonmu da kofi tun 1988, zamanin Lou Holtz, amma ban taɓa jin muna dab da shi kamar daren nan ba.

Game da lokaci, NBC kan bayyana sa'o'in wasannin gida tun kafin a shiga kaka, yawanci uku da rabi na yamma ko bakwai da rabi na dare, don haka kana iya tsara Asabar ɗinka tun da wuri. Na waje ne ake ja wa mutum rai: tashoshi kan sanar da lokaci saura kwana 12, wani sa'in saura kwana 6 idan suna jiran su ga wanda ya ci a makon. Ranar Litinin ka leƙa jadawalin da ke shafin sashen wasanni na jami'ar, za ka ga sunan tasha a gefen kowane wasa.