Alƙalamin Mirjami Kuosmanen a Fim Ɗin "Farar Barewa"

Duk lokacin da masu nazari suka ambaci fim ɗin ƙasar Finlan mai suna Valkoinen Peura, wato Farar Barewa, wanda ya fito a 1952, sunan Erik Blomberg suke fara kira, domin shi ya ba da umarni, shi kuma ya ɗauki hoto. Matarsa Mirjami Kuosmanen kuwa, a tauraruwa kawai ake tunawa da ita, alhali tare suka rubuta labarin. A ganinmu an tauye mata haƙƙi, don kuwa ƙarfin wannan fim a rubutunsa yake.

Ga yadda labarin yake a taƙaice. Pirita amarya ce a Laflan, can arewacin ƙasar, cikin al'ummar Sami masu kiwon wata irin barewa mai rassan ƙaho. Mijinta Aslak yakan tafi kiwo ya daɗe. Kaɗaici ya ishe ta, ta nufi boka neman maganin farin jini. Boka ya gindaya mata sharaɗin yanka abu mai rai na farko da ta ci karo da shi, sai abin ya faɗa kan farin ɗan barewar da mijin ya ba ta kyauta. Magani ya ci, har ya wuce gona da iri. Ta riƙa rikiɗewa farar barewa, tana yaudarar maza su bi ta cikin dusar ƙanƙara, tana halaka su.

Malalacin marubuci da ya ce mayya ce, ya huta. Wannan rubutu bai yi haka ba. Ya bar mu tare da Pirita, muna tsoronta muna kuma tausaya mata, musamman lokacin da maza suka gane harsashi ba ya cin ta, suka shiga ƙera masun ƙarfe, har da mijin da ta je wa boka dominsa. Mashinsa ne ya same ta a ƙarshe. Zance kaɗan ne a fim ɗin, kuma mun sha gaya wa ɗalibanmu a aji cewa sanin abin da za a bari ba a faɗa ba ya fi cika takarda wuya.

Sai dai akwai rauni. Tun farko an nuna cewa gadon maita Pirita ta yi wurin uwarta, wanda ya rage nauyin zaɓin da ta yi da kanta. Sannan marubutan biyu ba 'yan Sami ba ne, sun kalli mutanen da idon baƙo, har mai kallo ya zaci tsafi ne duk rayuwarsu.

A 1953 alƙalan bikin fina-finai na Kan a Faransa, ƙarƙashin jagorancin Jean Cocteau, suka ba fim ɗin kyautar gwanin fim na tatsuniya. Shekara goma bayan haka, a 1963, Kuosmanen ta rasu tana da shekara 48.