Adamu Halilu, Malamin da Allonsa Majigi Ne

Duk wanda ya yi wayo a Arewa kafin talabijin ta shiga gidaje ya san majigi. Motar gwamnati za ta iso gari da la'asar, mai shela ya zaga, bayan sallar isha'i a ɗaura farin ƙyalle a ƙofar gidan hakimi, a tayar da inji. Babu tikiti, babu kujera, babu ƙofar da za a rufe. Wanda fim ya gundura sai ya kaɗe rigarsa ya tafi ya kwanta. A gaban irin waɗannan 'yan kallo Alhaji Adamu Halilu ya goge.

An haife shi a Garkida, cikin jihar Adamawa ta yau, a 1936. Ya koyi rubuta fim da tace shi a Landan da Rum, ya yi aiki a sashen fina-finai na gwamnatin Jihar Arewa, kuma ya sa hannu a fina-finan wayar da kai kusan 70.

Abin da ma'aikata ke miƙa wa darakta irinsa busasshen saƙo ne: a gyara noman auduga, a kai mai juna biyu asibiti. Wanda bai ƙware ba sai ya tsayar da malamin gona gaban kyamara ya yi ta zuba bayani. Gwani kuwa gida yake nema, da maigida da uwargida da maƙwabci mai gardama, ya bar saƙon ya fito daga rigimarsu. Haka aka bi a Baban Larai, fim ɗin auduga da dattawa ke tunawa har yau, haka kuma a Mama Learns a Lesson na 1963, kan lafiyar uwa da jariri. Wurin da aikin ke da santsi shi ne mai gardamar. Idan aka mai da tsohuwar da ke ƙin asibiti wawuya, an rasa 'yan kallo, domin kowa a filin yana da irinta a gida, kuma yana ganin girmanta. Dole a ba ta hujjarta cikakkiya kafin a rinjaye ta.

Ga kuma tsadar kayan aiki. Gwangwanin fim mai faɗin milimita 16 da tsawon ƙafa 400 minti 11 kawai yake ɗauka, kuma sau da yawa sai an kai shi Ingila an wanke kafin darakta ya ga abin da ya kama. Ba a duba waya a sake. Sai ya gama ganin fim ɗin a zuci kafin ya ce a kunna. Bayan nan a shiga ɗakin tacewa, inda ake yanka fim da hannu a manna. Ni a ganina a nan ne ake gane malami, don sanin abin da za a zubar ya fi sanin abin da za a ɗauka wuya.

Mu mutanen Kebbi muna da rabo na musamman a aikinsa. A 1978, lokacin muna cikin jihar Sakkwato, ya yi Kanta of Kebbi tare da gwamnatin jihar. A dubi abin da ke hannun mai wannan aiki. Muhammadu Kanta ya rayu a ƙarni na 16, ba wanda ya zana fuskarsa. Akwai kufan Surame da ganuwarsa ta duwatsu. Akwai Tarikh al-Sudan na Sa'adi, da ya ba da labarin yadda Kanta ya ɓalle wa Askiya Muhammadu na Songhai bayan yaƙin Agadas, saboda rabon ganima. Sai kirari da abin da dattawa suka gada a baki, wanda na wannan gari ba ya yin daidai da na wancan. Daga waɗannan guntaye darakta zai yanke hukunci kan naɗin rawani, da irin sirdi da linzami, da yadda bafade ke durƙusawa. Kwanon rufi guda ko turken waya guda ya leƙo a bayan mahaya, an rushe shekara ɗari huɗu.

Kuma tarihi a ƙasar nan bai mutu ba. Kabawan Argungu zuriyar Kanta ne, su ke da gidan tarihinsa. Gwandu kuwa gidan Malam Abdullahi ɗan Fodiyo ne, wanda ya jagoranci cin Birnin Kebbi a 1805. Mutumin Argungu da mutumin Gwandu za su zauna gaban ƙyalle ɗaya, amma kowa da kunnen da ya zo da shi. Mai ɗaukar tarihinmu sai ya iya girmama jarumin wani ba tare da ya taka kakan wani ba, kuma ba tare da ya yi wa gaskiya kwaskwarima ba.

Shekara biyu kafin fim ɗin Kanta, Halilu ya yi Shehu Umar, daga littafin Abubakar Tafawa Ɓalewa, Umaru Ladan ne ya fito a matsayin Shehun. Da shi Najeriya ta shiga bikin FESTAC na 1977. Labarin bauta ne da ƙetare Sahara, amma daga bakin malami yake fitowa, yana zaune cikin almajiransa. Halilu ya bar zaman karatun ya tafi da natsuwarsa, bai gaggauta shi don gudun gajiyar mai kallo ba, kuma wannan ladabi ne da kyamara ba kasafai take yi wa addini ba.

Ya shugabanci Hukumar Fina-finai ta Najeriya, ya rasu a 2001, Allah ya jiƙansa. Shekaru da dama ana zaton Shehu Umar ya ɓata. A 2016 aka gano gwangwanayensa a ma'ajiyar hukumar, cibiyar Arsenal ta Jamus ta gyara shi, aka haska shi a bikin fina-finai na Balin a 2018.