Rahama Sadau da hoton Bahaushe a finafinan Kudu

Mu Hausawan Legas, daga Agege zuwa Idi-Araba da Sabo, mun san wani abu da na gida ba su cika damuwa da shi ba: maƙwabcinka Bayarabe sau da yawa a talabijin yake fara sanin Bahaushe. Shekara da shekaru, a finafinan Kudu Bahaushe maigadi ne mai gurguwar Turanci, ana kiransa "aboki" ana dariya. Da wannan ma'aunin za mu auna aikin Rahama Sadau.

Rahama 'yar Kaduna ce, ta shigo Kannywood a 2013 da fim ɗin Gani Ga Wane tare da Ali Nuhu. A 2016 ƙungiyar MOPPAN ta kore ta saboda bidiyon waƙar da ta yi da mawaƙi ClassiQ, inda aka ga suna rungumar juna. Maganar gaskiya, abin bai dace da ɗiyar Musulmi ba, kuma ba mu da ja a kan haka. Amma me korar ta haifar? Ta samu ƙofa a buɗe a nan Legas, inda babu mai ce mata gyara mayafinki.

A shirin Sons of the Caliphate na tashar EbonyLife, ta fito a matsayin Binta Kutigi, 'yar boko mai ji da kanta. Wasanta ya yi kyau, Turancinta tsaf, ta nuna wa mutanen Kudu cewa akwai 'yar Arewa mai ilimi. Sai dai Arewar shirin ta 'ya'yan masu kuɗi ce kawai, sharholiya da rikicin siyasa. An fitar da mu daga ɗakin maigadi an kai mu fada, amma talaka mai sayar da albasa a Mile 12 har yanzu ba shi a ciki.

Up North na 2018, wanda aka ɗauka a Bauchi, ya fi. Ta fito malamar makaranta mai kamun kai, kuma an nuna garin da mutuncinsa. Matsalar ita ce labarin na Banky W ne, ɗan Legas da ya je bautar ƙasa. Ita da Bauchin duk ado ne a tafiyarsa.

A ganinmu, aikinta mafi nauyi shi ne Rariya na 2017, wanda ta shirya da kamfaninta da harshen Hausa, kan 'yan matan jami'a da ruɗin abin duniya. A nan ne ta taɓo abin da ke hana iyaye barci, musamman mu da 'ya'yanmu ke tashi a bariki.

To, jama'a, ba cewa muke yi a tara yara a gaban kowane fim ba. Uba ya fara gani kafin ya bari. Amma zagi a Facebook bai taɓa shiryar da kowa ba, nasiha ce aikin malami. Ita kuma Rahama, tunda Allah Ya ba ta baiwa da jari, muna jiran fim kan Bahaushen Legas na gaskiya: mahauci, ɗan canji, malamar Islamiyya. Allah Ya shirye mu baki ɗaya.