Fim Ɗin Yaƙin Salamis da Sarki Ahasurus

A shekara ta 2014 aka fitar da fim mai suna 300: Rise of an Empire, wanda Noam Murro ya shirya. Labarinsa a kan yaƙin teku ne tsakanin Helenawa da daular Farisa, musamman karon da aka yi a Salamis a shekara ta 480 kafin haihuwar Almasihu.

Ba shakka an kashe kuɗi, an kuma nuna gwaninta. Teku baƙi ƙirin, jirage suna karo, itace yana tarwatsewa. Mai kallo zai ga yadda ake huda jirgin abokan gāba da ƙahon tagulla da ke goshin jirgi. Amma jinin ya yi yawa ainun. Ana rage saurin hoto domin a ga yadda kai ke rabuwa da wuya, sai ka ce kisa abin ado ne. Akwai kuma wurin tsiraici wanda bai kamata yara su gani ba.

Babban laifin fim ɗin shi ne yadda ya yi wasa da tarihi. Ya nuna Temistokilis, shugaban Atina, ya harbe Sarki Dariyus a yaƙin Maraton na shekara ta 490. Dariyus kuwa bai je Maraton ba, sai a 486 ya rasu. Ya mai da Artemisiya shugabar dukan jiragen Farisa, mai ƙishin ramuwa, har aka kashe ta. Marubucin tarihi Herodotus ya ce jirage 5 kaɗai ta kawo, ita ce ma ta shawarci sarki kada ya yi yaƙi a teku, kuma ta tsira da ranta.

Abin da ya ba Helenawa nasara, hikima ce da haɗin kai. Sa'ad da aka sami azurfa a Lauriyon wajen 483, Temistokilis ya rinjayi mutanen Atina su ƙera jirage da ita maimakon su raba. Kowane jirgi yana da matuƙa 170, yawancinsu talakawa. Ya jawo rundunar Farisa cikin matsattsen ruwa, inda yawansu ya zame musu cikas. Waɗannan talakawa fim ɗin ya manta da su, ya ba masu takobi dukan yabo.

Akwai kuma abin da ya shafi masu karatun Littafi Mai Tsarki. Sarkin da fim ɗin ya kira Zarksis, ya mai da shi dodo mai sarƙoƙin zinariya, shi ne yawancin masana suke ɗauka Ahasurus ne na Littafin Esta. A can mutum ne kamar kowa, mai saurin fushi, mai jin maganar fadawa, wanda barci yakan ƙi zuwa masa. Mahaifinsa Dariyus kuwa shi ya ba da umarni a ƙarasa ginin Haikali a Urushalima, kamar yadda Littafin Ezra ya nuna. Shi kansa Temistokilis, da mutanen Atina suka kore shi, wurin sarkin Farisa ya sami mafaka.

Hausawa sun ce gani ya kori ji, nan kuwa haɗarin yake. Saurayin da ya kalli fim ɗin zai tashi da tunanin cewa abokin gāba ba mutum ba ne. Iyaye su hana yara kallonsa. Babban da ya kalla kuwa, ya buɗe Littafin Esta ya gwada.