"Goge ka sake saukewa" ba shawarar mai sayen data ba ce

Akwai wata shawara da ta zama ruwan dare a bakin masu buga wasannin kwamfuta: in wuri ya cika, ka goge wasan da ba ka bugawa, duk ranar da ka yi marmarinsa ka sake sauke shi. Ana faɗinta kamar maganar da ba ta buƙatar hujja. Su kansu kamfanonin da ke sayar da wasannin a kanta suka gina manhajojinsu. Maɓallin gogewa yana nan kusa da hannu, na ɗauke wasa daga wannan faifai zuwa wancan kuwa sai ka tona, a wasu wuraren ma babu shi sam. Ni ban yarda da wannan shawara ba. Shawara ce ta mutumin da ke biyan kuɗin intanet sau ɗaya a wata, babu mai ƙirga masa abin da ya sha, wutar gidansa kuma ba ta ƙiftawa.

A duba yadda wasannin suka kumbura. Doom na 1993 a 'yan ƙananan fayafai aka raba shi, kowanne bai kai megabayit ɗaya da rabi ba. GTA San Andreas, wanda har yau yara ke bugawa a unguwanninmu, ya zo kwamfuta a 2005 bai cika giga 5 ba. Bayan shekara goma GTA V ya iso yana neman giga 65, wanda ya saye shi a kwali kuwa fayafan DVD bakwai ya tarar a ciki. Red Dead Redemption 2 ya nemi giga 150 a 2019. A 2020 Call of Duty: Modern Warfare, haɗe da Warzone, ya haura giga 200, har ya kai ba ya shiga faifan SSD mai giga 250. Ko ƙwallon ma ba ta tsira ba, domin EA Sports FC 24 giga 100 yake so ka ware masa. To, yawancin kwamfutocin cinya na hannu da ake saya a kasuwanninmu da SSD mai giga 256 suke zuwa. Ka kunna, Windows ta nuna maka 238, ta ɗebi nata kason, manhajojin aiki su ɗebi nasu. Babban wasa ɗaya ya isa ya cika sauran.

Sai batun kuɗi. A watan Janairun 2025 hukumar NCC ta amince wa kamfanonin sadarwa a Najeriya su ƙara farashi da kashi 50 cikin ɗari. Mutumin da ke jona kwamfutarsa da wayarsa, yana jiran datar dare, yana roƙon kada a ɗauke wuta kafin asuba, wasan da ya sauka lafiya a faifansa sau biyu ya biya kuɗinsa: ya biya kamfanin wasa, ya biya kamfanin layi. Wani lokacin ma na biyun ya fi yawa. Lokacin da Epic, ɗaya daga cikin masu sayar da wasanni, ta raba GTA V kyauta a watan Mayun 2020, jama'a suka yi mata caa har shagon nata ya tsaya cak na sa'o'i, amma ga mai sayen data kyautar nan tana da nauyin da ya haura giga 80. Lissafin lokaci ma bai da wuya. Giga 100 a kan layi mai gudun megabit 10 a daƙiƙa, ba yankewa ba tsayawa, awa 22 ne da 'yan mintoci. Giga 100 ɗin nan dai, in daga faifai zuwa faifai ne, ko da tsohon faifai mai juyawa ne, bai fi minti 17 zuwa 20 ba. Manomi ba ya zubar da hatsin bara don kawai kasuwa tana ci kowane mako.

Saboda haka ra'ayina shi ne mai kwamfuta ya karɓe ikon faifansa daga hannun manhajoji, ya zama shi ke cewa wane ya zauna nan, wane ya koma can. Kuma abin yana farawa ne tun daga ranar farko, a wannan ɗan akwatin da ke tambayar inda za a girka wasa, wanda kusan kowa ke danna gaba ba tare da ya karanta ba. In ka bar Steam, manhajar sayen wasanni, da son ranta, cikin ɓangaren faifai na C za ta zuba komai, a ƙarƙashin Program Files, cikin wata folda mai suna steamapps. C kuwa nan ne Windows take zaune. Mun kuma san maganin da yawancin masu gyaranmu suka fi yarda da shi: kwamfuta ta yi nauyi, fomat, ta ƙi tashi, fomat, ta kamu da bairos, fomat. Duk abin da ke C ya tafi ke nan. Wanda ya ware wa wasanni wani ɓangare dabam, ko D ko wani harafin, in aka sake ɗora Windows sai kawai ya girka Steam, ya shiga sashen ajiya na cikin saiti, ya nuna mata tsohuwar foldarsa. A cikin steamapps kowane wasa yana da ɗan ƙaramin fayil mai suna appmanifest, wanda ke ɗauke da lambarsa da matsayinsa. Steam tana karanta su, wasannin su dawo layi kamar ba abin da ya faru. Sai dai a lura, raba faifai ɗaya gida biyu yana kare ka daga fomat ne kawai. In faifan ya mutu, C da D tare za su tafi.

A nan ne nake auna shagunan wasanni, ba a yawan ragin da suke yi ba. Valve, mai Steam, ta fi kowa gane cewa faifan na mai shi ne. Ta ba da damar buɗe ma'ajiya a faifai fiye da ɗaya, ta sa maɓallin ɗauke wasa daga wannan zuwa wancan, a 2023 kuma ta ƙara wani abu da ya dace da mu ƙwarai: in kwamfutoci biyu suna kan hanyar sadarwa ɗaya a gida, ɗaya tana iya jawo wasa daga ɗayar ba sai ta je intanet ba. Epic kuwa ta daɗe tana koya wa mutane wata 'yar dabara mai ban haushi: kwafe foldar wasan gefe, goge shi, fara sabuwar saukewa a inda kake so, dakatar da ita, mayar da fayilolin ciki, sannan ka bar manhajar ta tantance. Aiki ne da ya kamata a ce dannawa ɗaya ta gama shi. Microsoft ta fi su tsanani a da, domin wasannin manhajar Xbox a cikin wata kullalliyar folda mai suna WindowsApps take ɓoye su, mai kwamfutar ma ba shi da izinin leƙawa, sai a 2022 ta sassauta ta bar mutane su zaɓi wuri. GOG, shagon da 'yan Poland suka kafa a 2008, shi ne ya tafi ƙarshe: yana ba ka cikakken fayil ɗin girkawa ka ajiye a inda ka ga dama, ka girka ko babu intanet, ko bayan shekara nawa ne. Ga kuma EA da Ubisoft da Blizzard da Rockstar, kowa da tasa manhajar da nasa lungun. Ka sayi GTA V a Steam, ta Rockstar sai ta biyo shi ko ba ka gayyace ta ba.

Wace ma'ajiya ce ta dace da wane wasa? Wannan ba ya buƙatar dogon zance. Faifai mai juyawa yana da arha da faɗi amma yana da nawa, megabayit ɗari zuwa ɗari biyu a daƙiƙa. SSD na gama-gari yana kai 550, irin NVMe kuma dubbai. A 2023 Starfield da Baldur's Gate 3 sun fito suna cewa sai da SSD, Cyberpunk 2077 ma ya koma haka bayan babbar sabuntawarsa ta shekarar. Don haka wanda kake bugawa yanzu ya zauna a SSD, sauran su kwanta a babban faifai har zuwa ranar da za a neme su. Tsofaffin wasanni irin su PES 2017 ba ruwansu, ko ina ka sa su za su yi gudu. In faifan na waje ne mai jonawa ta USB, ka ba shi harafi na dindindin daga can ƙarshe, kamar X ko Z, don Windows takan sauya masa harafi in aka riga shi jona filashi, Steam kuma ta ce ba ta ga wasanninka ba. Kada ya kasance a tsarin FAT32, wanda ba ya ɗaukar fayil ɗaya da ya wuce giga 4. Kada kuma ka cika SSD maƙil, saboda sabuntawa takan nemi filin da za ta yi aiki a ciki kafin ta share tsohon.

Wani zai ce ai girman nan dole ne, hotuna sun ƙara kyau. Ba duka ba. Helldivers 2, na kamfanin Arrowhead da ke Suwidin, ya kai wajen giga 150 a kwamfuta alhali a na'urorin wasa na talabijin bai fi 35 ba. Masu shi da kansu suka bayyana dalili: sun riƙa maimaita fayil guda a wurare da yawa don allurar faifai mai juyawa ta riƙa samunsa da sauri. A ƙarshen 2025 suka cire maimaicin, wasan ya koma kusan giga 23, kuma jinkirin da ake tsoro ya zama na 'yan daƙiƙoƙi. Sama da giga ɗari na faifan mutane aka mamaye a kan zato. Hanyar adalci kuma sananniya ce. Bethesda ta fitar da manyan hotunan Fallout 4 a 2017 a matsayin ƙari mai giga 58, mai so ya ɗauka, marar so ya bari. Me zai hana a yi haka da muryoyin harsunan da mutum ba ya ji, da sashen wasan da ba zai taɓa buɗewa ba?

Amma duk wannan mai sauƙi ne a kan matsalar da ta fi cin raina, wato inda wasanni ke rubuta ci gabanka. Wasan da ya ɓata, data da haƙuri za su dawo da shi. Watanni shidan da mutum ya yi yana gina ƙungiyarsa ko birninsa, babu shagon da ke sayar da su. Kuma wannan ɗan fayil, wanda sau da yawa bai kai nauyin hoton waya ba, shi ne aka fi yi wa riƙon sakainar kashi. Tun zamanin Windows Vista Microsoft ta tanadi folda musamman mai suna Saved Games. Kaɗan ne suka kula ta. Cyberpunk 2077 yana amfani da ita. Skyrim yana ajiye nasa a My Games cikin Documents. GTA V ya buɗe wa kansa foldar Rockstar Games a Documents ɗin dai. Elden Ring da Minecraft na Java sun shige AppData, foldar da Windows ke ɓoye wa ido, wadda ita ma ta kasu uku a ciki. Ka ga abin da ke faruwa: ka yi dabara ka kai wasan D, shi kuwa ya lallaɓa ya koma C ya ajiye abin da ya fi wasan daraja. Ranar fomat wasan zai tsira, ka buɗe shi ka tarar da kanka a matakin farko.

Ana cewa ai akwai ajiyar intanet. Akwai, Steam ta fara tata tun 2008, amma sai mai wasan ya ga dama ya jona wasansa da ita, kuma sai kana da layi. OneDrive, ajiyar intanet ta Microsoft, ma takan ƙara dagula lissafi, ta janye Documents gaba ɗaya zuwa ƙarƙashinta, giga 5 ɗin da take bayarwa kyauta su cika, ta fara damunka da sanarwa.

Ba na cewa a tara komai. Wasanni irin Fortnite da Warzone, waɗanda ake sabuntawa ba dare ba rana, in ka ajiye su shekara ɗaya ba ka taɓa ba, abin da za ka sauke don su tashi ya kusa kai sabo. Irin waɗannan gogewa ba asara ba ce. Haka kuma ajiye fayil ba mallaka ba ce. Ubisoft ta kashe na'urorin da ke riƙe da The Crew a ƙarshen Maris na 2024, duk wanda ke da shi a faifai ya wayi gari da gomomin giga marasa amfani. A shekarar ne kuma Steam ta fara rubuta wa mai saye ƙarara cewa lasisi yake saya, bayan da jihar Kalifoniya ta Amurka ta yi doka a kan haka. Wannan ya ƙara mini dalilin fifita duk wasan da zai tashi ba tare da ya nemi izinin kowa ba.

Al'adar zagayawa da faifai daga wannan aboki zuwa wancan, wadda muka saba da ita tun zamanin masu turin finafinai, wasu na ɗaukarta sata ce zalla. Gaskiya ne da yawan abin da ke yawo a ciki wasannin da aka fasa wa makulli ne, kuma su ne babbar ƙofar bairos. Amma kwafar fayilolin wasa daga abokinka, in kai ma ka saye shi a asusunka, ba laifi ba ne ko a wajen Valve. Ka zuba foldar a ma'ajiyarka, ka danna girkawa, Steam ta gano fayilolin da ke nan, ta sauke ɗan abin da ya rage. Mutum biyar a ɗakin kwanan ɗalibai ɗaya ba su da dalilin sayen giga ɗari sau biyar.

Kafin kamfanoni su yarda su tara ci gaban wasanni a wuri guda, aikin yana wuyan mai kwamfuta. Duk ranar da za ta je wajen gyara, a shiga Users cikin C, a buɗe foldar da ke ɗauke da sunan mai ita, a kwafe Documents da Saved Games da AppData zuwa filashi. In AppData ta yi girma, a ɗauki na wasannin da ake bugawa kaɗai. Sannan a gaya wa mai gyara baki da baki, tun kafin ya jona filashinsa na Windows: "Malam, don Allah C kaɗai za ka taɓa, D akwai kaya a ciki."