Birnin Shehu a Kan Takarda: Nazarin Kundin Taswirorin Tarihin Gari

A watan Maris na 1824 Hugh Clapperton, Baturen da mutanen gari suka sani da suna Abdullahi, ya shigo Sakkwato aka sauke shi a gidan Waziri Giɗaɗo. Cikin abin da ya rubuta ya ce ganuwar birnin ƙofa goma sha biyu gare ta, kuma ana rufe su da faɗuwar rana. A 1853 Heinrich Barth, wato Abdulkarim, ya zo ya zana taswirar garin, sai ga ƙofa takwas. Takwas ɗin nan su ne kowane Basakkwace ya sani har gobe: Ƙofar Rini, Marke, Taramniya, Atiku, Aliyu Jeɗo, Kaɗe, Dundaye da Kware. To ina sauran huɗun suka shiga? Toshe su aka yi, ko kuwa baƙon ya haɗa da ƙofofin wata ganuwa ta ciki, ko ƙidayar ce ta kuɓuce masa? Domin irin wannan tambaya ne masana tarihin birane suka ƙirƙiro wani nau'in littafi na musamman, kundin taswirorin tarihin gari.

Kada a haɗa shi da littafin taswirar da ake ba yara a makaranta. Wancan yana nuna duniya daga nesa, gari ɗaya ɗigo ɗaya. Wannan kuwa gari guda yake ɗauka, ya bi shi layi-layi da lungu-lungu, ya nuna yadda ya tsiro, ya faɗaɗa, ya tsuke, ya sake miƙewa. Aikin ya samo asali ne a Turai bayan Yaƙin Duniya na Biyu, lokacin da bama-bamai suka ruguza tsofaffin birane. A 1955 aka kafa hukumar ƙasa da ƙasa ta tarihin garuruwa, daga baya masananta suka daidaita a kan ma'auni ɗaya: santimita guda a takarda ya tsaya a madadin mita 25 a ƙasa, domin a iya ajiye taswirar wani gari na Jamus kusa da ta wani na Ingila a gwada su. Zuwa yanzu an yi wa garuruwa sama da 500 irin wannan aiki.

Na ƙasar Ailan yana cikin waɗanda suka fi tsari. Cibiyar masana ta Royal Irish Academy da ke Dublin ta kafa shi a 1981, kashi na farko ya fito a 1986 a kan garin Kildare, aikin J. H. Andrews. Kowane kashi yana ɗauke da babbar taswira da aka sake haɗawa ta yadda garin yake a wajajen 1840, da kwafin tsofaffin taswirori, da muƙala mai bayyana dalilin da ya sa garin ya ɗauki siffarsa. Amma a ganina zuciyar aikin tana cikin sashen da ba shi da ado ko kaɗan, wato dogon jeri na kowane titi da coci da kasuwa da makaranta da injin niƙa, kowanne da shekarar da aka fara ambatonsa da takardar da ta ambace shi. Ba a yarda a rubuta "tun zamanin da" a wannan sashe. Sai dai a ce a shekara kaza aka fara jin sa, a shekara kaza aka daina.

Tunanin da ke ƙarƙashin wannan sana'a shi ne, shimfiɗar gari ta fi gininsa tsawon rai. Duk wanda ya san tsakiyar Sakkwato zai gaskata haka. Gidan ƙasa in ya sha damina uku ba yaɓe sai ya fara zubewa. Magada su raba shi, wani ya sayar, wani ya tayar da bulo da siminti, azara ta ba kwano wuri. Amma lungun da ya raba gidan da na maƙwabci yana nan da karkatarsa, domin ba mai yarda ya bar taku ɗaya na iyakarsa. Ke nan mai tafiya a Giɗaɗawa ko Alƙammawa yau, ko da bai ga tubali ɗaya na zamanin Sarkin Musulmi Muhammadu Bello ba, sau da yawa a kan zanen wancan zamanin yake takawa.

Sai dai in za a yi wa Sakkwato irin wannan kundi, a nan ne kwaikwayo kai tsaye yake cin tura. Masu aikin Ailan sun tarar da gado mai kauri. A shekarar da Clapperton ya shigo Sakkwato, 1824, a ita ce gwamnatin Birtaniya ta tura sojojin safiyo su auna tsibirin Ailan kaf, ba don son tarihi ba, don a san yadda za a yanka wa ƙasa haraji. Zuwa 1846 sun gama, kowace gona da kowane gida ya hau takarda. A kan wannan aka ɗora komai. Sakkwato ba ta da makamancinsa na ƙarni na 19. Taswirar Barth zanen matafiyi ce: ta nuna siffar ganuwa, da ƙofofi, da kasuwa, da gidan Bello da na magajinsa Atiku da na Giɗaɗo inda Clapperton ya rasu a 1827, sauran gari kuma fili. Tana da daraja ƙwarai, amma ba za a iya auna lungu da ita ba.

Ba wai mutanen Daular Sakkwato ba su san zanen ƙasa ba. Taswirar da Clapperton ya samu a fadar Sarkin Musulmi Muhammadu Bello, aka buga ta a Landan a 1826, tana cikin shahararrun taswirorin da 'yan Afirka suka zana a wancan ƙarni. Garuruwa ta nuna da hanyoyi da koguna, kuma ta bi da Kwara gabas zuwa Masar. Wasu masana na ganin da gangan aka yi haka, don kada a nuna wa baƙo inda kogin ya faɗa teku. Ko ma mene ne, abin da ya dami mai zanen shi ne hanya da nisa da iko, ba faɗin gidan wane ba. Haka ma Infaƙul Maisuri, wanda Bello ya kammala a 1812, ya buɗe ne da bayanin ƙasashe da al'ummominsu. Malaman Sakkwato sun rubuta wuri ta hanyar mutane: wa ya zauna ina, wa ya yi maƙwabtaka da wa, wa aka rufe a ina. Daga Waziri Giɗaɗo har zuwa jikansa na nesa Waziri Junaidu, wanda ya rasu a 1997, wannan ce al'adar.

Don haka kundin Sakkwato sai ya juya tsarin Ailan. Can taswira ce tushe, sunaye suka biyo baya. Nan sunaye da gidaje ne tushe, da su za a gina taswirar.

Kuma abin ginin yana da yawa. A 1809, shekara guda bayan faɗuwar Alƙalawa, Bello ya kafa garin a kan tudun marmara da ke kallon mahaɗar gulbin Rima da na Sakkwato. Tudu don tsaro, fadama a ƙasa don abinci da kiwo. A 1815 Shehu Usmanu ya taso daga Sifawa da jama'arsa, aka ƙara wa birnin wani sashe, shi ne Sabon Birni. A 1817 ya rasu, Hubbare, inda aka rufe shi, ya zama wata cibiya ta biyu bayan Ƙanwuri, wato unguwar fada. Wannan ne ya sa masallatan Juma'a biyu, na Bello da na Shehu, suke kusa da juna haka, abin da baƙo kan yi mamaki. Taswira mai launi biyu za ta bayyana shi a kallo ɗaya, fiye da shafi goma na bayani. Sannan ga unguwannin sana'a: Marina, Majema, Takalmawa, Maƙera Assada. Da zarar an ɗora su a takarda tambayoyi za su taso da kansu. Me ya sa majema suka zauna inda suka zauna, ina suke samun ruwa, ta wace ƙofa jar fatar nan da ta yi suna har ƙetaren Sahara take fita? Ƙofar Atiku da ta Sarkin Yaƙi Aliyu Jeɗo suna gaya mana inda manya suka kafa gidajensu, Ƙofar Kware da ta Dundaye suna gaya mana inda hanya ta nufa.

Akwai wani tarko da wannan nau'in littafi yake ɗana wa kansa, kuma Sakkwato ce za ta fallasa shi. Ƙa'idarsa ita ce gari ɗaya, kundi ɗaya, kamar dai kowane gari yana tsaye da ƙafarsa. Barth ya tarar da sassan Sakkwato sun yi sanyi, gidan Bello ya fara lalacewa. Wanda ya dogara da wannan kaɗai zai ce Daula ce ta raunana. Alhali kuwa Sarkin Musulmi Aliyu Babba a Wurno yake zaune, ribaɗin da mahaifinsa Bello ya gina a arewa maso gabas, inda kuma aka rufe Bellon a 1837. Fada ta ɗauki jama'arta ta tafi, ta bar gidaje da masu tsaro. Tsawon shekaru masu yawa na wancan ƙarni hedikwatar Daula gari biyu ce, sarki na kai da komo tsakaninsu. Kundin da ya yanke iyakarsa a bakin ganuwa zai faɗi gaskiyar awo ya ɓatar da mai karatu. Dole Wurno ta samu shafi, haka ma hanyar da ta haɗa su da rinjojin da ke ciyar da su.

Daga 15 ga Maris 1903, ranar da aka yi karon Giginya da Turawa a kudancin ganuwa, Sarkin Musulmi Attahiru ya fita, takardu sun fara yawa. Turawa suka kafa barikinsu da gidajensu nesa da birni, tsarin da dokar garuruwa ta 1917 ta ƙara tabbatarwa a Arewa. Tunda gulbi da fadama sun tare arewa, sai garin ya yi ta miƙewa kudu da gefuna. Ya zama hedikwatar Jihar Arewa maso Yamma a 1967, shekarar da kamfanin siminti na Kalambaina ya fara aiki. Jami'a ta zo a 1975. Jihar Sakkwato a 1976. Mabera, Runjin Sambo, Gawon Nama, Arkilla, duk suka cika suka batse, har garin ya tsallaka cikin ƙaramar hukumar Wamakko. Wannan zango ba shi da wahala, domin fayilolin Lardin Sakkwato suna ma'ajiyar tarihi ta ƙasa a Kaduna, ga taswirorin safiyo, ga hotunan sama. Abu ɗaya kawai nake so kada a manta, shi ne ruwa. Ambaliyar Satumba 2010, wadda ta yanke hanyar zuwa mazaunin dindindin na Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo, ta tuna wa kowa dalilin da ya sa Bello ya hau tudu.

Abin da ake da shi a rubuce ya kasu gida biyu da ba sa gaisawa. Masana tarihi sun yi aiki mai zurfi: littafin Murray Last na 1967 a kan Daular, da kundin digiri na uku na Saleh Abubakar a Jami'ar Ahmadu Bello a 1982 a kan birnin kansa daga 1809 zuwa 1903. Amma kalmomi ne suka fi yawa, zane kaɗan. Masana labarin ƙasa kuma suna auna bunƙasar garin da hotunan tauraron ɗan'adam, sai dai tarihinsu yakan fara ne daga ranar da tauraron ya fara ɗauka. Babban kundin taswirorin tarihin Afirka na Ajayi da Crowder, na 1985, ya nuna Daula da faɗinta, Sakkwato kuwa ɗigo ce a ciki.

Darasin da ya fi dacewa da mu daga Ailan ba na masu awo ba ne, na John O'Donovan ne, malamin da hukumar safiyo ta ɗauka a shekarun 1830 ya bi ƙauyuka yana tambayar tsofaffi sunayen wurare da yadda ake furta su. Irin aikinsa ake bukata a nan, kuma da gaggawa, domin ganuwa ta tafi, ƙofofin da ake gani yau sabon gini ne, waɗanda suka yi wasa a kan ragowar badala suna yara kuwa sun manyanta. Sai dai a shiga da horon wancan busasshen jeri. Kowane gida yana son a ce kakansa da Shehu ya shigo, kuma ba a jayayya da dattijo a zaurensa. Abin yi shi ne a rubuta abin da gida ya faɗa a matsayin riwayar gida, a rubuta shekarar da takarda ta fara ambatonsa daban, a bar mai karatu ya ga tazarar. A kuma tambayi abin da ba a cika son faɗa ba: ina bayi suka zauna, ina baƙin fatake suke sauka, wane gida ne mata suke taruwa karatu a zamanin Nana Asma'u.

Akwai wata matsala da masu aikin Ailan ba su sha da zafi ba, domin iyakokin da suka zana na 1840 ne, masu su sun daɗe da shuɗewa. A tsakiyar Sakkwato iyakar da aka ja a zamanin Atiku tana iya zama ita ce ake shari'a a kanta a kotu bana. Ranar da mai bincike ya fito da igiyar awo a ƙofar gida, ranar za a daina ba shi labari, don za a ɗauka gwamnati ce ta aiko, ko wani magaji. Saboda haka a bugu na farko gara a tsaya ga layin ganuwa da lunguna da rijiyoyi da masallatai da maƙabartu da iyakokin unguwanni, a bar cikin gidaje ga masu su.