Waƙar da ta kai maza Abijan

Yau za mu yi zancen wani ɗan ƙasarmu mai yin silima. Sunansa Sani Alhaji Magori. An haife shi a Galmi cikin shekarar 1971. Aikin gona ya fara karantawa, daga baya ya koyi ɗaukar hoto. A 2008 ya yi fim a kan albasar Galmi, inda auren wata yarinya ya rataya a kan kuɗin albasa. Masu lambu na Jiratawa sun san wannan zullumi.

A 2010 ya fito da Kukan Kurciya. Ga labarin. A da, zabaya Husai tana waƙa tana zuga samari su tafi bariki neman dukiya. Maza da yawa suka tafi. Mahaifin Sani ma ya daɗe a Abijan bai komo ba. Sai Sani ya je wurin Husai, ta tsufa, ya roƙe ta su tafi tare, ta yi wata waƙa da za ta kira shi gida.

Abin da ya burge ni shi ne, ba ƴan wasa cikin fim ɗin. Uban nasa ne na gaske, zabayar ta gaske ce. Sani bai jira abu ya faru ba, shi ya tada tafiyar, sannan ya ɗauka. Waƙa kuma ita ke jan labarin tun daga farko.

Amma ina da magana biyu. Ta farko, ba waƙa kaɗai ta kori maza ba. Farin 1973 da 1974 ya bar rumbuna wayam. Wanda zai komo, me zai tarar? Ta biyu, ɗa ya sa ubansa gaban idon duniya a kan zancen cikin gida. A wurinmu wannan abu ne mai nauyi, ko da niyya mai kyau ce.

Duk da haka fim ne da ya kamata a nuna a Maraɗi da Tibiri, gidajen da ake jiran ƴan ci-rani. Hausawa sun ce kukan kurciya jawabi ne. Ku tattauna a aji: me zai sa matafiyi ya komo gida? Ku rubuto mana amsarku da hannunku.